Kafin 'yan gwangwan su gama da tsofaffin taragun Zariya

Malam Edita, assalamu alaikum.

Don Allah ka ɗan ba ni fili a wannan jarida tamu in yi magana kan wani abu da na san wasu za su ce ba shi ne damuwar talaka ba a yanzu, ana fama da tsadar masara da kuɗin mota da kuɗin makarantar yara wa zai tsaya zancen tsohon ƙarfe, toh na ji kuma ban musa ba, amma dai a bar ni in faɗa, don tsadar masara ana sa ran wata rana ta sauka, shi kuwa tarago in aka sa masa wutar yanka aka loda a tirela ya tafi kenan ba dawowa.

Maganar jirgin ƙasa ce, kuma zan fara ta daga nesa, daga Amurka, saboda abin da ya faru da su can ya ishe mu darasi mu Zazzagawa. Akwai wani irin jirgi da suka yi yayinsa wanda mu nan ba mu taɓa samu ba, jirgin lantarki mai zirga-zirga tsakanin gari da gari. Ba irin dogon jirgin nan na Legas zuwa Kano ba mai kai a gaba yana jan taragu a baya, a'a, shi kowane tarago da injinsa a ƙarƙashinsa dab da ƙafafu, saboda haka tarago ɗaya tal zai iya kama hanya shi kaɗai, in fasinja sun yi yawa a haɗa biyu ko uku. Waya ce aka shimfiɗa a sama tana bin layin dogon, a kan rufin taragon kuma akwai wata doguwar sanda mai ɗan ƙaramin gare a bakinta, sifirin na tura ta sama tana gogar wayar tana shan wuta, wutar ta ratsa injin ta koma ta ƙarfen dogon da ke ƙasa. Wani lokaci in an zo kwana ko mahaɗa sai sandar ta zame daga kan wayar, tartsatsi ya tashi jirgi ya tsaya cik, sai ka ga kwandasta ya sauko ya zagaya baya ya kama igiyar da ke ɗaure da sandar yana ja yana saitawa har garen ya koma kan waya, shi kenan a ci gaba da tafiya. Yawancinsu bolt 600 suke sha, kuma irin wannan wutar ba ta nisa take raunana, dole duk bayan 'yan mil a gina ƙaramar tashar wuta a gefen layi tana ƙara mata ƙarfi.

Wani injiniya Frank Sprague shi ne ya nuna wa duniya cewa abin zai yiwu, da ya kafa jiragen cikin gari masu lantarki a Richmond ta jihar Virginia a 1888, daga nan sai masu kuɗi suka ce ai in yana yawo cikin gari me zai hana ya fita zuwa garin da ke gaba. Kafin ka ce kwabo abin ya bazu, musamman jihohin Ohio da Indiana, zuwa 1916 tsawon irin waɗannan layuka a Amurka ya haura mil 15,000. Ka ƙaddara a ce daga Sabon Gari akwai tarago duk bayan awa ɗaya zuwa Giwa da Funtuwa, wani zuwa Makarfi, wani zuwa Soba, kana tsaye a bakin hanyar ƙauyenku ka ɗaga hannu ya tsaya ya ɗauke ka da kai da kayanka, ba hayaƙi ba jiran mota ta cika, toh haka manoman can suka more shi, madara da jarida da ƙananan kaya duk a ciki ake aikawa.

Wanda ya fi kowanne suna shi ne Pacific Electric na kudancin Kalifoniya, wanda mutane suka fi sani da jajayen taragu saboda fentinsu. Wani attajiri Henry Huntington ne ya kafa shi a 1901, kuma mutumin ɗan kasuwa ne na gasken gaske, ba kuɗin tikiti ya sa a gaba ba. Filaye yake saye a bayan gari inda ba kowa, da araha, sai ya ja layin dogo ya kai wurin, da jirgi ya fara zuwa sai filin ya yi daraja ya yanka fuloti ya sayar, ribar tana can wajen ƙasa, jirgin kuwa ko ya ci riba ko bai ci ba ya riga ya yi masa aikinsa. Wannan kuma ita ce cutar da ta bi kamfanin har kabarinsa, don bayan an gama sayar da filaye an bar jirgin da ɗawainiyar kansa. A 1911 babban kamfanin Southern Pacific ya karɓe shi ya haɗe shi da wasu ƙananan layuka, zuwa shekarun 1920 yana da dogo sama da mil 1,000, daga Los Angeles zuwa Long Beach da Pasadena da Santa Monica har San Bernardino, ana kiransa mafi girman irinsa a duniya.

Abin da ya kashe shi ba abu ɗaya ba ne. Motar Ford ƙirar Model T ta fito a 1908 ta yi araha har ma'aikaci ya iya saye, gwamnati kuma ta dinga zuba kwalta da kuɗin haraji, mai mota da mai bas suna hawa titi ba su suka gina ba, shi kuwa kamfanin jirgi shi zai gyara dogonsa da wayarsa da tasoshin wutarsa daga aljihunsa sannan ya biya haraji a kansu, ga hukuma ta riƙe farashin tikiti ba ya ƙarawa yadda ya so. Sannan a cikin gari taragun kan titi ɗaya suke bi da motoci, da motoci suka yi yawa sai shi ma ya maƙale a cunkoso, saurin da ake hawansa dominsa ya tafi. Karayar tattalin arziki ta 1929 ta zo ta kwashe da yawa daga cikin irin waɗannan kamfanoni. Lokacin yaƙin duniya na biyu jajayen taragun sun ɗan farfaɗo saboda an taƙaita mai da taya kowa ya dawo jirgi, amma ana gama yaƙi aka koma gidan jiya. Masu cewa kamfanonin mota da na mai ne suka ƙulla makirci suna da ɗan abin kamawa, don a 1949 kotu ta kama kamfanin mota na General Motors da wasu abokan hulɗarsa da laifin haɗa baki kan cinikin bas-bas da kayansu ga kamfanonin sufuri na National City Lines, sai dai ni a ganina ko ba su sa hannu ba jirgin ya riga ya kwanta jinya. A 1953 aka sayar da ɓangaren fasinja na Pacific Electric ga wani kamfanin bas, layi bayan layi ana rufewa, na ƙarshe shi ne na Long Beach, a watan Afrilun 1961.

Akwai hotunan da duk wanda ya gani sai jikinsa ya yi sanyi, na wani filin 'yan gwangwan a tsibirin Terminal Island kusa da tashar jiragen ruwan Los Angeles, an cire wa jajayen taragun ƙafafu an jibge su wani kan wani kamar buhunan masara a sito, tagogi ba gilashi, suna jiran a narka su. Wasu 'yan kaɗan sun tsira da aka sayar wa Ajantina suka ci gaba da ɗaukar fasinja a Buenos Aires.

Toh ga inda nake so masu karatu su buɗe kunne. Ba gwamnati ce ta ceci waɗanda suka rage ba, ba kuma kamfanin ba. Wasu samari ne masu son jirgi kawai suka haɗa ƙungiya a 1956 tun abin bai gama mutuwa ba, suka dinga tara ɗan abin da suke da shi suna sayen tarago ɗaya-ɗaya kafin mai yanka ya iso, a 1958 suka samu fili a wani gari Perris suka kwashe kayansu can, a lokacin wurin daji ne ba ruwa ba inuwa. Da hannunsu suka shimfiɗa dogo suka kafa turaku suka ja waya. Yau wurin shi ne gidan tarihin jirgin ƙasa na Southern California Railway Museum, kuma ba ajiye taragun kawai aka yi ana kallo ba, a ƙarshen mako ana kunna su mutane su hau, akwai mai lamba 717 da aka ƙera tun shekarun 1920 wanda ya yi aiki a layukan Hollywood, akwai manya-manyan nan irin su 418 da 498 na layin Long Beach. Mutum ya zo da jikansa ya zaunar da shi kan kujerar da shi ya zauna yana yaro.

Haka labarin yake a wasu wuraren. A jihar Maine a 1939 wasu matasa suka sayi tarago mai lamba 31 na layin Biddeford da Saco kan dala 150, daga wannan taragon ɗaya gidan tarihin Seashore Trolley Museum ya samo asali. A 1953 mutum 10 suka zuba dala 100 kowannensu suka sayi tarago mai lamba 65 na tsohon Indiana Railroad, shi ne mafarin Illinois Railway Museum wanda yanzu ya fi kowane gidan tarihin jirgin ƙasa girma a Amurka, kuma da suka tashi neman wurin zama na dindindin sai suka koma garin Union kan tsohon filin wani layin lantarki da ya mutu.  Mutum 10 fa Malam Edita, ko adashin matan layinmu ya fi su yawa.

Wani abin kuma da zai ba ka dariya ya ba ka haushi, bayan shekara 29 da rufe layin Long Beach sai ga hukumomin Los Angeles sun dawo suna gina jirgin lantarki daga cikin gari zuwa Long Beach ɗin dai, suka buɗe shi a 1990, kuɗin da ya ci ya haura dala miliyan 800, kuma mafi yawan hanyar kan tsohon filin jajayen taragun ta bi. Abin da ya taimake su kenan, filin yana nan ba a gine shi ba. Inda aka bari mutane suka yi gini a kai kuwa sai haƙa rami a ƙarƙashin ƙasa ko biyan diyya mai tsada.

Yanzu mu dawo gida. Wani zai ce mu ina ruwanmu, mu da ba mu taɓa yin jirgin lantarki a Arewa ba, wutar da za a kunna fanka ma ya aka ƙare. Gaskiya ne, a duk Najeriya sai a 2023 jirgin Blue Line na Legas mai lantarki ya fara ɗaukar fasinja daga Marina zuwa Mile 2. Amma Zariya fa garin reluwe ce tun asali, wannan ko yaran yanzu ba su sani ba iyayensu sun sani. Layin da ya taso daga garin Baro na bakin kogin Neja ta nan ya bi ya isa Kano a 1911. Daga nan layin Gusau ya balle har ya kai Ƙaura Namoda a 1929. Sabon Gari kanta albarkacin tasha ta cika ta tumbatsa, ma'aikatan reluwe da 'yan kasuwa daga kudu da ko'ina, ga auduga ga gyaɗa ana lodi, ga kantunan Turawa a kusa da tasha wanda har yau sunan PZ bai bar bakin mutane ba.

Sannan akwai wanda aka manta da shi kwata-kwata, ƙaramin jirgin da ake kira Bauchi Light Railway, wanda duk da sunansa ba garin Bauchi ya nufa ba, Jos da Bukuru ya nufa, kuma daga nan Zariya yake tashi. Saboda kuza aka gina shi, don kafin zuwansa a ka da bayan jakuna ake sauko da kuzar daga kan tudun Jos. Ya bi ta Soba da Dutsen Wai ya kai Rahama a 1912, ya haura ta Jengre ya isa Jos da Bukuru a 1914, tafiyar sama da mil 130. Na kwal ne ba na lantarki ba, kuma siriri ne, faɗin dogonsa ƙafa 2 da inci 6 alhali babban layi ƙafa 3 da inci 6 ne, kenan taragonsa ba ya hawa babban layi, duk buhun kuzar da ya sauko sai an sauke shi a Zariya leburori sun ɗauka sun mayar cikin babban tarago, ka ga kuwa mutane nawa suka ci abinci a wannan aikin. Da aka haɗa Jos da babban layi ta Kafanchan a 1927 sai kuza ta samu hanya kai tsaye zuwa Fatakwal, ƙaramin jirgin ya rasa babban cinikinsa, ya dai ci gaba da lallaɓawa da fasinja da kayan gona har aka rufe shi a 1957. Ka lura, shekara 4 kacal tsakaninsa da rufe jajayen taragun Kalifoniya. Su can samari sun tashi sun tsamo abin da za su iya, mu nan in kana son ganin ragowar jirgin da ya tashi daga garinku sai ka hau mota ka je gidan tarihi na Jos, Allah Ya saka wa waɗanda suka ajiye su can da alheri. Ka tsayar da ɗalibai a Kongo ko Samaru ka tambaye su ko sun san an taɓa hawa jirgi daga Zariya zuwa Jos ta Soba, za su ɗauka zolaya kake.

Wancan ya wuce, ba a kuka kan abin da ruwa ya riga ya tafi da shi. Amma akwai waɗanda suka rage na babban layi, tsofaffin taragun fasinja da na kaya da aka jingine a gefe shekara da shekaru, ciyawa ta fito ta tsakiyarsu awaki na kwana a ƙarƙashi. Duk wanda ya taɓa matsawa kusa da irinsu ya san yadda ake cin su da kaɗan-kaɗan. Farantin tagullan nan da ke jikin tarago mai ɗauke da sunan kamfanin da ya ƙera shi da shekarar ƙira shi ke fara ɓacewa, sai ka ga ramukan kusoshi huɗu kawai da inuwar wurin da ya zauna, kuma da ya tafi an rasa takardar haihuwar taragon kenan. Daga nan sai marfin akwatin gires na ƙafafu, sai hannun ƙofa, sai katakon kujeru ya tafi murhu, a ƙarshe a bar ƙwarangwal wanda ba mai sha'awarsa sai mai sikeli. Ni ban ga laifin yaron da ke yawo da buhu yana tsintar ƙarfe don ya ci abinci ba kamar yadda nake ganin namu mu da muka yi boko muka san darajar abin muka yi shiru.

Ga kuma sabon layi mai faɗi ana ginawa daga Kaduna zuwa Kano, ci gaban wanda aka buɗe tsakanin Abuja da Kaduna a 2016, muna murna muna addu'ar Allah Ya sa a gama lafiya. Sai dai ranar da ya fara aiki tsohon layin da kayansa za su ƙara zama marayu, don taragon tsohon ba ya hawa sabon, daidai abin da ya sami ƙaramin jirgin Jos. Lokacin da ake ɗokin sabo shi ne lokacin da tsoho ke tafiya ba wanda ya lura, haka aka yi a Los Angeles ana ta murnar manyan tituna.

Abin da nake roƙo ba wani babban abu ba ne, kuma ba cewa nake a je a ɗauko kayan gwamnati da ka ba, taragun nan dukiyar hukumar jiragen ƙasa ce, sai an bi ta hannunta a rubuce. A samu mutane ko goma ne, tsofaffin ma'aikatan reluwe da 'ya'yansu da malaman tarihi da injiniyoyi, a kafa ƙungiya a yi mata rajista, a nemi a ba da aron kan jirgi ɗaya da taragon fasinja ɗaya da na kaya ɗaya, a samu wuri mai katanga a yi musu rumfar kwano don ruwan sama shi ne babban abokin gaba, a kankare tsatsa a shafa fenti. A Legas an yi irin haka, ƙungiyar Legacy 1995 ta 'yan sa kai ta gyara tsohon gidan nan Jaekel House da ke cikin harabar reluwe a Ebute Metta ta mai da shi ɗan gidan tarihi, mutane na zuwa har hotunan biki ake ɗauka a wurin. Mu kuwa da muke da Jami'ar Ahmadu Bello da sashen tarihi da na injiniya, ga cibiyar nazarin fasahar sufuri ta NITT a nan cikin garinmu, ga kwalejin kimiyya ta Nuhu Bamalli, ga masu walda da makanikai a Sabon Gari da in ka ba su hoton abu za su ƙera maka shi, wallahi ba mu da uzuri. Ɗalibin injiniya ya kwance birkin tarago ya mayar da hannunsa ai ya fi masa zanen allo. Masarauta ma na tabbata in aka je mata da magana mai tsari ba za ta ƙi sa albarka ba.

Sai filin layin. Don Allah masu sayar da fuloti da masu saye a ji tsoron Allah a bar gefen dogo, ko jirgi ya shekara bai wuce ba. Wata rana za a nemi yin jirgin cikin gari daga Samaru zuwa Sabon Gari ko daga nan zuwa Funtuwa, ko mu ko jikokinmu, ranar kuwa wannan siririn filin shi ne zai fi komai tsada.

Kafin a kai ga tarago ma akwai abin da ba ya buƙatar izinin kowa. Dattawan da suka yi aikin reluwe, direbobi da masu zuba kwal da masu ba da hannu da masu duba layi, suna nan a Sabon Gari da Tudun Wada da Muciya amma kullum raguwa suke, wasunsu na da tsohuwar hula ko fitilar hannu mai jan gilashi da kore ko usur ko katin fansho a ƙasan akwati, 'ya'ya ba su san amfaninsu ba ranar rabon gado za a zubar. Kowa na da waya a aljihu, a zauna da su a naɗi muryarsu, a tambaye su yadda ake tada kan jirgi da asuba da awa nawa ake yi zuwa Gusau da abin da ake sayarwa a kowace tasha. Ina kuma roƙonka Malam Edita, in da hali jaridarku ta buɗe ɗan shafi ko sau ɗaya a wata, duk wanda ke da tsohon hoton tashar Zariya ko wanda kakansa ya taɓa ba shi labarin hawa ƙaramin jirgin Jos ya aiko a buga, musamman mutanen Soba da Dutsen Wai da Rahama, su faɗa mana ko har yanzu ana gane inda layin ya bi a gonakinsu.

Na gode da wannan dama, Allah Ya ƙara wa jarida ɗaukaka.

Naku mai karatu a kullum,
daga Tudun Wada, Zariya.